Mai Fassara a Zaure na Uku

Shekara goma sha ɗaya Maharazu ya yi yana aiki a wata ƙaramar silima mai zaure uku a Dagenham. Shi ke duba tikiti a bakin ƙofa, shi ke haska wa wanda ya makara hanya da tocila, in an tashi kuma ya shiga da tsintsiya da baƙar leda. Daga shara yake gane darajar fim. In ya tarar da gugguru a warwatse har ƙarƙashin kujeru, ya san an sha dariya har hannu ya kasa riƙe kwali. In kuwa ya ga ƙasa fes, an cinye komai an ajiye kwali a gefe, to mutane ba su sami abin yi ba ne sai ci.

Haifaffen Jos ne, ɗan unguwar Gangare. Tun yana saurayi ya yi suna a wani gidan kallo na kwano da benci, inda ake saka finafinan ƙasashen waje a akwatin talabijin guda ɗaya. Aikinsa shi ne ya tsaya gefen akwatin yana juya wa mutane maganar 'yan wasa zuwa Hausa, nan take, ba takarda ba shiri. Inda bai ji abin da aka ce ba, sai ya ƙirƙiro nasa, kuma sau da yawa nasa ya fi na masu fim ɗin daɗi. Mahauta da 'yan acaɓa kan leƙo su tambaya ko Maharazu na nan kafin su shiga.

Karatu ne ya kawo shi London, karatun bai ƙare ba. Ya yi gadi, ya yi wankin jirgin ƙasa, ya auri Na'ima, ma'aikaciyar jinya, suka haifi 'ya ɗaya, Zarah. Zaman bai ɗore ba. Ba a yi wani tashin hankali ba, magana ce ta dinga raguwa a tsakaninsu har ta ƙare. Na'ima ta koma Luton da yarinyar, shi kuma ya kama ɗaki guda a saman wani shagon gyaran waya. A wurin aiki Turancinsa bai wuce na nuna ƙofa da nuna banɗaki ba. Hausa kuwa sai ranar Juma'a, in ya sami hutu ya hau jirgin ƙarƙashin ƙasa zuwa masallacin Regent's Park, a gaisa a tsaitsaye kowa ya kama gabansa.

Shekara bakwai da suka wuce an kawo musu wani fim na barkwanci da ya cika silimar har wata biyu. Labarin wani mai raba wasiƙu ne da ya wayi gari yana iya tashi sama, amma Allah ya yi shi da tsoron bisa. Don haka ba ya wuce tsayin gwiwa daga ƙasa, yana shawagi a layin unguwarsu da jakarsa a rataye, karnuka na binsa, wata tsohuwa maƙwabciyarsa tana aikensa sayen madara ko da ɓarayi yake kora. Zarah tana da shekara goma sha biyu a lokacin. Ta zo masa hutun ƙarshen mako, suka kalla sau uku, ta yi dariya har ta kwanta a kafaɗarsa.

Da aka ce kashi na biyu na tafe, Maharazu ya fi manajan silimar ɗoki. Shi ya haɗa ƙaton hoton jarumin na kwali ya tsayar a bakin ƙofa. Ya aika wa Zarah saƙo, tana jami'a a Manchester: "Na yi mana booking, ranar Asabar, kujerunmu na da." Sai washegari ta amsa, da Turanci kamar kullum, cewa tana da aikin makaranta, kuma ai ta girmi irin wannan fim, in ya fito a waya za ta duba. Ta ƙara da hoton zuciya guda biyu.

Ranar Asabar ɗin mutum ashirin da shida suka shiga zauren da ke ɗaukar ɗari biyu. Maharazu ya tsaya a baya ya kalla. An ɗauke mai wasiƙa daga unguwarsu an kai shi sararin samaniya. An ba shi sabuwar riga mai walƙiya da abokai har bakwai, waɗanda sai ka kalli wasu finafinai dabam kafin ka san ko su wane ne. Ya daina tsoron bisa tun a minti goma na farko. Tsohuwar nan mai aiken madara ba ta fito ba ko sau ɗaya. 'Yan wuraren da suka ba da dariya kuwa, kowa ya riga ya gani a talla. Ya lissafa mutum tara da suka fita banɗaki, huɗu ba su dawo ba.

Ran Litinin aka mayar da fim ɗin zaure na uku, mafi ƙanƙanta.

A nan ya haɗu da Hajiya Katumi, ranar Talata da ƙarfe ɗaya na rana, lokacin da ake yi wa tsofaffi rangwame a haɗa musu da shayi. Ita kaɗai ce a zauren, ta naɗe cikin rigar sanyi da mayafi. Ya leƙo duba zafin ɗakin, sai ya ji ta ce da ƙarfi, ita da allon, "Kai! Wannan kuma mene ne?"

Ya tsaya cak. Ya matso a hankali ya rusuna. "Sannu da hutawa, Hajiya."

Ta juyo ta kama hannun rigarsa kamar zai gudu. "Kana ji Hausa? Ɗana, zauna, zauna."

'Yar zangon Kumasi ce ta ƙasar Gana, Hausarta irin ta can, wadda namiji da mace duk "ya" ne. Ɗanta Abdul-Salam ya kawo ta shekara biyu da suka wuce don renon jikoki. Yanzu jikokin sun shiga makaranta, ɗan da matarsa suna fita tun da sassafe. "Ni da bango muke zama," in ji ta. "Maƙwabcina, wani mace Bature, shi ya ce ka je silima, akwai ɗumi, akwai shayi. Amma mutanen nan suna magana sauri-sauri, ban ji komai ba."

Doka ta hana ma'aikaci zama a zaure. Maharazu ya dubi ƙofa, ya dubi allo, ya ɗosana a bakin kujerar da ke kusa da ita. Da farko muryarsa ta fito a shaƙe, kamar famfon da aka daɗe ba a buɗe ba. Ya fassara jimla biyu yadda suke, ba ta ko motsa ba. Sai wani dodo mai kai uku ya bayyana yana zuba dogon jawabi, Maharazu ya maƙe murya ya ce, "Yana cewa, wa ya ajiye mota a ƙofar gidana, na hana, na hana, ba a ji!"

Hajiya Katumi ta fashe da dariya har da tari. Daga nan bai sake waiwayar abin da 'yan wasan ke faɗa ba. Abokan jarumin bakwai ya mayar da su 'yan kwamitin biki da suka kasa shirya wa zai kawo kujeru. Babban yaƙin ƙarshe ya zama rigimar layin famfo. Ta yi ta dukan cinyarta tana share hawaye da gefen mayafi.

Suna cikin haka ƙofa ta buɗe. Chundung ce, shugabar ma'aikatan rana, ita ma 'yar Jos, wadda tun zuwanta ba su taɓa wuce gaisuwa ba. Ta tsaya ta saurara na ɗan lokaci, hannunta a baki. Da aka kunna fitilu ta ja shi gefe.

"Malam, ashe haka kake? Ni dai ban ga komai ba. Amma in wani customer ya shigo, ka tashi."

Ba wanda ya shigo. Hajiya Katumi ta dawo ran Alhamis, ta sake dawowa Talata, kowane zuwa kuma labarin da ya ba ta dabam ne, ko da yake hotunan ba su canza ba. A zuwa na uku ta kawo masa wake da shinkafa a roba, da baƙin yajin nan na mutanen Gana. Kafin a fara, ta tambaye shi me ya sa ba kowa.

Ya ba ta labarin kashi na farko tun daga tushe: jakar wasiƙu, karnuka, tsohuwa mai madara. Ya ce an bar mutane sun jira shekara bakwai, yaran da suka so shi sun zama manya, iyaye kuma sun san bayan 'yan makonni zai zo musu har gida a talabijin.

Ta girgiza kai. "Ba shi ba ne. Sun cire shi a unguwa. Mutum yana ba dariya don mutanensa sun san shi. Can sama wa ya san shi? Ko ya faɗi, wa zai ce sannu?"

Maharazu ya rufe robar abincin ya tura ƙarƙashin kujera, aka kashe fitilu.

Kwana goma sha uku fim ɗin ya yi aka cire shi. Chundung ce ta gaya masa da safe: "An yi cancel ɗin sauran kwanakin, daga sama aka turo." Ya kwance hoton kwalin ya ninke ya kai bayan gini wurin shara. Makon ya zo daidai da hutun makarantu, aka kawo wani fim na zane, yara suka cika ko'ina, aka tsayar da shi a ƙofar zaure na ɗaya.

Ran Talata ya hango Hajiya Katumi ta shigo. Ta dubi inda hoton yake a da, ta dubi layin yaran, sannan ta gan shi. Ya ɗaga mata hannu alamar ta jira. Ta zauna a benci da kofin shayinta. Layin bai yanke ba, wani yaro ya yi amai a kan matakala, wata uwa ta ɓatar da tikitinta. Da ya ɗago bayan kusan rabin sa'a, bencin ba kowa. Sai a lokacin ya tuna bai taɓa karɓar lambarta ba, bai kuma san layin da take zaune ba.

Talata huɗu ya yi yana duban ƙofa. Har ya fara sauka daga bas tasha ɗaya kafin tasa, yana bi ta gaban shagunan kayan abincin Afirka ko zai gan ta.

Bayan ƙaramar Sallah wani mutum mai rigar ma'aikatan asibiti ya zo yana tambayar "Malam mai Hausa". Abdul-Salam ne. Ya ce mahaifiyarsa ta matsa sai an mayar da ita gida, ta ce ba za ta sake yin wani sanyin a nan ba. Ta tafi makonni biyu da suka wuce, ta kuma sa shi ya yi alkawarin kawo wa Malam lambarta.

Da lokacin hutunsa na rana ya yi, Maharazu ya fita bayan gini ya kira. Aka ɗauka cikin hayaniya: daka, kukan jariri, rediyo, mata na magana a kan juna. Sai da ya faɗi sunansa sau uku.

"Ɗana na silima!" Ya ji Hajiya tana gaya wa na kusa da ita cewa ga mutumin nan da take ba su labari. Aka yi ta miƙa wayar hannu zuwa hannu, mutanen da bai sani ba suna yi masa sannu da aiki, har ta dawo gare ta. Ya buɗe baki zai gaya mata an kawo wani sabon fim da ya tabbata za ta so, sai wani ya kira ta daga nesa.

"Ana kirana, an yi baƙi. Ka gaishe mutanen gida, ka ji? Duka-duka."

"Za su ji, Hajiya," ya ce.

Layin ya katse. Ya ɗan jima a tsaye da wayar a hannu, har yayyafi ya fara jiƙa masa kafaɗa, sannan ya koma ciki.