Daƙiƙa Goma Sha Ɗaya na Muryar Bernard

Dalhatu Mai Almakashi, haka unguwar Bolari ta san shi, ko da yake rabonsa da almakashi tun zamanin kaset ɗin bidiyo, lokacin da yake liƙe zaren da ya tsinke da salatif. Da aka shiga yayin fassara fina-finan Indiya zuwa Hausa, sai ya koma tace su a kwamfuta. Mutum ne mai rowar lokaci. Waƙar minti bakwai in ta shiga hannunsa, da ƙyar take fita da biyu. Kullum cewa yake masu tace fim na Bombay su ne malamansa, alhali ko Bauchi bai cika zuwa ba.

Aikin yana da matsala guda. In an cire maganar Indiyanci, hayaniyar da ke bayanta ma sai ta tafi, kasuwa ta yi tsit kamar an yi rasuwa. Dabarar Dalhatu ita ce ya je tashar mota da wayarsa ya naɗo hayaniya, ya shimfiɗa ta ƙarƙashin Hausar. Ya tsinci abin da yake so, sauran ya goge, don kwamfutarsa ba ta da wuri.

Wata huɗu bayan wani bam ya tashi a tashar, wata mata ta shigo shagonsa riƙe da faifai. Ta ce sunanta Hilda, tana koyarwa a wata firamare a unguwar Nasarawo.

"Malam, kai ka haɗa wannan?"

Ya ce shi ne. Ta sa ya kai daidai inda jarumin ke sauka daga jirgin ƙasa, ta ce ya ƙara sauti. Can cikin hayaniyar wani na kira: "Kaltungo, Billiri, saura mutum ɗaya!"

Kunya ta rufe shi. Kaltungo a tsakiyar Bombay, kuma kunnensa bai kama ba.

"Ki yi haƙuri, Madam, kuskure ne. Yanzu zan yanke shi."

"Kada ka taɓa," in ji ta. "Mijina ne, Bernard. Ɗan kamasho ne a tashar. Ko gawarsa ba mu gane ba."

Dalhatu ya tuna mutumin sarai, mai rigar ƙwallo, wanda ya tsaya kansa ranar da ya je naɗo hayaniyar, yana tsokanarsa, yana ba shi labarin 'yarsa da ta fara tafiya, yana dariya. Kusan minti arba'in wayar na ɗauka.

"Yarinyarmu ba za ta tuna muryarsa ba," in ji Hilda. "Sauran abin da ka naɗa na zo ka ba ni."

Ya hau bincike a kwamfuta, ya koma waya, ya sake dawowa kwamfuta. Ya san abin da zai tarar, don shi ya goge da hannunsa, har yana jin daɗin ya samu wuri.

"Nawa ya rage?" ta tambaye shi.

"Daƙiƙa goma sha ɗaya."

Ta jawo benci ta zauna.

"To, sake sa min."