Kawu Bukar Mai Fassarar Sifaniyanci

Ina cikin motar Kano zuwa Gaya yayata Falmata ta kira ni, ta ce Kawu Bukar ya rasu a Ajingi bayan sallar asuba. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Na yi kuka, amma kafin mu kai Wudil sai ga ni ina dariya ni kaɗai, domin da ita ya saba mana.

Kawu ƙanin mahaifiyarmu ne. Ya yi fatauci a Malabo, inda ake jin Sifaniyanci, ya dawo da kaset-kaset na wani tsohon wasan talabijin na Sifaniyanci, labarin wata mai yawan ibada da danginta suka kulle wai ta haukace. Bayan la'asar yakan kunna a zaure, ya tsaya gefen akwatin yana fassara. A bakinsa Turawan nan har cinikin gyaɗa suke yi. In wani ya ce anya, sai ya ce, "Kai ka je Malabo ko ni?"

A shekarar da ya dawo ne Falmata ta sami taɓin hankali. Mahaifinmu ya sa mata mari a ƙafa, ya ce addu'a ta isa, zuwa asibiti raunin imani ne. Kawu bai yi musu da mijin yayarsa ba. Gayyatarsa kallo ya yi ta yi har ya zo. Ranar, limamin cocin da ke cikin wasan ya tsaya kan matar yana magana, Kawu ya fassara: "Ku kwance ta. Wanda ya saukar da cuta Shi ya saukar da magani, ku haɗa addu'a da likita." Baba ya ce ashe har Nasara sun san wannan. Washegari aka cire marin, aka kai ta asibiti a Kano.

Bara na sami wasan a waya da fassarar Turanci. Ashe maganar gyaran rufin coci limamin yake yi. Na je na tsare Kawu. Ya yi dariya har hularsa ta faɗi, ya ce gaisuwa da "nawa ne" kaɗai ya iya a yaren.

"Ban ji abin da ya ce ba," in ji shi, "amma na san abin da ya kamata ya ce."

Allah Ya jiƙan Kawu, Ya yafe masa fassararsa, Ya kwance masa ƙuncin kabari kamar yadda ya sa aka kwance Falmata. Allah Ya ba matarsa Inna Zara da 'ya'yansa haƙuri, amin.