Ranar da na ƙi yi wa kyamara kuka

Ban taɓa mantawa da ranar da darakta ya ce in goge kwallina ba. Ku da kuka shigo aikin talabijin ɗin nan yanzu kuna ganina da shirin kaina, amma daga bakin tukunya na fara.

A shekarun da aka hana hawa babur a Potiskum ne. Wani gidan talabijin ya zo da shirin da kyamara ke bin masu sana'a wuni guda, ba rubutu, ba maimaici. Duk mako darakta, wato mai tsara abin da za a ɗauka, yana sauke mutum ɗaya daga shirin, kuma ina cikin waɗanda ake bi. Ni ina sayar da shinkafa da wake a Kasuwar Shanu, kuma direbobin kudu irin su Oga Emeka, manyan masu cin abincina, sun ɗauke ƙafa saboda tsoron hare-haren da ake kaiwa. Rumfata na dab da mutuwa.

Ranar kasuwa na fito daga Yerimaram a Keke Napep, na sha atamfa da kwalli, don a wurinmu ba a sayen abinci hannun mai baƙar fuska. Darakta ya dube ni sama da ƙasa.

"Talatu, wannan kwalliya fa? Goge. Ki zauna jikin ƙonanniyar rumfar can, ki tuna ƙaninki, ki ɗan yi hawaye. Shi masu kallo suke so."

Wallahi raina ya ɓaci. Ƙanina da aka kashe ne zai zama kayan miya?

"Ranka ya daɗe, na yi kukana a ɗaki, ya ishe ni. Direbobin nan suna kallonku. Suka ga toka da kuka, wa zai dawo?"

"To makon nan ke za a sauke."

"A sauke. Amma yau dai a tsaye za ku ɗauke ni."

Na hura wuta. Na yi ta zuba abinci, ina tsiya da dillalai da Hausata ta Karekare da darakta ya so in gyara. Da kyamara ta matso na ɗaga ludayi na ce, "Oga Emeka, da sauranku, shanu suna nan, wake ya nuna. Me kuke jira?"

An sauke ni kuwa, aka nuna minti biyu kacal. Na ji zafi, ba zan ɓoye muku ba.

Bayan 'yan makonni, ranar kasuwa, ina kwashe shinkafa, sai na ji an ce, "Madam Talatu, sa mini nama biyu." Oga Emeka ne, tirelarsa na bakin ƙofa. Ya ce matarsa ce ta gan ni a talabijin, ta ce in mace na dariya a wurin, shi me ya zaunar da shi?

Saboda haka ku riƙe wannan. Darakta zai naɗe wayoyinsa ya koma inda ya fito. Ku ne za ku kwana a garin da fuskar da kuka nuna.