Albasa a Bakin Mayafi

Yau ina yanka albasa idona ya kawo ruwa, sai ƙanwar mahaifina ta faɗo mini a rai. Ta tsufa tana wasan kwaikwayo a tele, kullum ita ce maƙwabciyar da ke zuwa gaisuwar mutuwa. Takan ƙulle ɓarin albasa a bakin mayafinta saboda hawaye, har kayanta na sallah warin suke yi.

Na taɓa raka ta ɗaukar wani wasa a tsohon garin Agadas. Ta wuni cikin rana jikin bangon laka tana kuka, idanunta suka kumbura. Ranar da aka nuna wasan muka taru a tsakar gida. Kamera tana kan jarumar wasan, ita kuwa ƙeyarta kaɗai ta fito.

"Ga ni can, ɗiyata," ta ce tana murmushi. "Kin gane mayafin?"

Da ta rasu, duk 'yan wasan da ta yi wa kuka babu wanda ya tako ƙofarmu. Tabarmin da muka aro haka muka mayar da su a naɗe.

Ya Allah, duniya ƙeyarta ta gani. Kai ka dubi fuskarta da rahama.