Mai Saƙa Zanen Angoubi

Na fara jin sunan Tampha ne a bakin mahaifiyata, ranar da na ƙi cin abinci don an saya wa ƙanwata sabon zane. Ta ce, "Oho, wata Tampha muka samu a gidan nan."

Tampha yayar kakata Angoubi ce. Tana da shekara tara aka ɗaura mata masaƙa a ƙugu, kafin ta yi aure kuwa duk ƙauyenmu na bakin tafkin Loktak babu mai hannunta. Angoubi ko zare ba ta iya ja ba sai ya tsinke. Amma ita alloli suka zaɓa. Ta yi jinyar wata uku, ta tashi ta zama maibi, mai yi musu hidima cikin fararen kaya.

Kowace shekara Tampha ce ke saƙa mata wannan farin zane don bikin Lai Haraoba, bikin faranta wa alloli rai. A bikin akwai rawar saƙa. Maibi takan nuna tsinkar auduga, da kaɗi, da jefa ƙoshiya, duk da hannu wofi. Mata su yi ta share hawaye. Tampha tana zaune a baya, bayanta na ciwo, tana jira wani ya dubi zanen. Babu wanda ya taɓa tankawa.

Wata shekara abin ya ci ta, ta miƙe tsakiyar rawa.

"Ke Angoubi! Wa ya ce miki ana buga zare kafin a jefa ƙoshiya?"

Mai gogen da ke yi wa rawar kiɗa ya tsaya cak. Angoubi ko juyowa ba ta yi ba.

"Yaya, zauna mana. Nawa ai ba ya tsinkewa."

Fili ya ɗauki dariya. Tampha ta yi rantsuwa ba za ta ƙara saƙa mata ba. Da bikin ya sake zagayowa ta ji an ce za a sayo zane a kasuwar Imphal, sai ta ce wannan tsumman ba zai hau jikin ƙanwarta ba, ta koma bakin masaƙa tana mita.

Na san Tampha ne bayan rasuwar kakata, lokacin idonta ya yi rauni. Ta ji ina rubuta labarin gidanmu, ta kama hannuna.

"'Yar nan, na san kakarki za ki cika littafin da ita. To ki rubuta cewa shekara arba'in da ɗaya, zanen da ta yi rawa da shi ni na saƙa. Kuma ki sa sunana kafin nata."