Wilin Baba Mai Keke ba ya komawa baya

Ka taɓa ganin mutumin da ya ƙera wa duniyar da babu ita kalanda, sannan kalandar ta fitar da shi daga gida? To tsaya ka ji, don wallahi abin ba na dariya ba ne.

Baba Mai Keke gyaran keke yake yi tun yana saurayi, rumfarsa na bakin layi kusa da mai kanti, faci da ɗaurin birki da gyaran kaca, hannunsa kullum baƙi ƙirin da mai. Mutum ne mai labari, in ya fara ko mai sauri ne sai ya jingine kekensa ya zauna. Labarin nasa guda ne amma ba ya ƙarewa, na wasu mutane ne da jirginsu ya faɗi a wata duniya mai rana biyu, fara da ja, suka zauna a cikin gangar jikin jirgin suka hayayyafa. Ya ce su ba sa ƙirga shekara, lokacinsu zagaye yake yi kamar taya, abin da ya wuce zai sake dawowa. Yaransa suka dame shi da to yau wace rana ce a can, sai ya tattaro tsofaffin wilin keke biyu ya kafa su a bangon tsakar gida, babba da ƙarami, ya haɗa su da kaca ya sa feda. Babban shi ke nuna yanayi, akwai Raɓa lokacin shuka, akwai Tsinta lokacin da ake kwaso ƙarafan jirgi, akwai Ɓuya lokacin da jar rana ke sama, ko kare ba ya leƙa waje. Ƙaramin kuma cikin wayoyin wilin akwai ɗaya mai farin fenti, ran da ta zo daidai wata ƙusa to ranar Tarya ke nan, babban kowane gida zai fita ya yi ta tafiya ya taro waɗanda suka mutu, don zagayen ya dawo da su. Kowace safiya sai ya murza fedar haƙori ɗaya kafin ya tafi rumfa. Matarsa kan ce Malam da lissafin cefane ka riƙe haka da mun huta, shi kuma ya ce ai ke a can sarauniya ce, sarauniya ba ta cefane.

Matar ta rasu, yara suka watse, aka bar shi da Auta, ƙaramar 'yarsa, tela ce tana ɗinki a shagon wata mata. Daga nan mantuwa ta kama shi. Ya manta hanyar rumfa, ya kira Auta da sunan uwarta, ga ciwon suga sai an ba shi magani safe da yamma, amma wilin nan ko sau ɗaya bai manta ba. Duniyar can ta zama ita ce tasa. In Tsinta ta zo sai ya fita tsince-tsincen ƙusa a titi har sai an nemo shi. Auta ta gwada kulle ƙofa ya yi ta dukan ƙofar da hannu har ya fashe yatsa, ta kasa jurewa. Sai dabara ta zo mata, ta lura in wili na kan Ɓuya ko ƙofa a buɗe take ba ya takawa, har ita yake wa faɗa wai ta rufe kai kada jar rana ta ƙona ta. Shi ke nan kullum in ya murza gaba ya shiga wanka, ita sai ta murza baya. Ɓuya ta ƙi ƙarewa. Yakan tsaya ya dubi bangon ya ce wannan karon jar rana ta daɗe, ta ce e wallahi Baba sai haƙuri. Yayanta da ya zo ya ga abin ya yi dariya ya ce Auta kin fi gwamnati, kin tsayar da lokaci.

Abin da ba ta sani ba, ita ɗinki ta iya ba keke ba, ai in ka murza feda baya tayar baya ba ta binka. Babban wili yana komawa, ƙaramin kuwa yana nan inda Baba ya kai shi, kullum ƙara gaba yake a hankali, ita kuma idonta na kan babban. Kuma a dokar Baba Tarya ta fi ƙarfin Ɓuya.

Ranar ta dawo daga shago da rana tsaka don ta ba shi abinci, ta tarar ƙofa a buɗe, takalminsa babu, maganinsa na kan taga. Ta dubi bango ta ga farar waya ta tsaya cak a kan ƙusa. Mai kanti ya ce ya gan shi ya wuce da sassafe cikin wankakkiyar riga ya taje gemu, har ya tambaye shi ina zuwa Baba, ya ce masa "Zan taro uwar yara, ka ce wa Auta ta ƙara ruwa a tukunya."

Tun daga nan Auta ba ta zauna ba. Ta je tsohuwar rumfa, ta je maƙabarta, tashar mota, asibiti, ofishin 'yan sanda, muryarta ta dishe ƙafarta ta kumbura. Yayan ya ce ta kwantar da hankali ai zai gaji ya dawo, ta ce masa "Yaya kai ma ka ji labarin nan tun kana ƙarami, mai Tarya ba ya juyowa sai ya haɗu da nasa." Kwanaki ke nan ba magani a jikin Baba.

Dogo ne siriri, rigarsa shuɗiya, babban yatsansa na dama a naɗe da tsumma, yana tafiya yana kare fuska da hannu ko babu rana. In kun gan shi kada ku ja shi, tsorata yake yi ya ruga. Ku ba shi ruwa ku zaunar da shi a inuwa, ku kira lambar da ke ƙasan hotonsa, wayar na hannun Auta ko a ina take. Don Allah kada ka karanta ka wuce, tura wa duk wanda ke cikin wayarka, musamman direbobi da masu sana'a a bakin titi, su ne ke ganin mai tafiya a ƙasa.