Ranar da Na Bar Yaya da Kaskon Boga

Shekara biyu da rabi muka yi a Maleshiya, lokacin da jami'a ta tura maigidana ƙaro karatu. A benen da muka zauna akwai wata dattijuwa 'yar ƙasar, ƙofarta na kallon tamu. Ba ta jin Turanci sosai, ni kuma ba na jin yarensu, sai ya zama a kicin muke zumunci. A wurinta na ga yadda ake kirɓa ɗanyar citta da tafarnuwa da ciyawar nan mai ƙamshin lemun tsami wadda mu nan a shayi kawai muke sa ta, a zuba baƙin ruwan waken suya mai gishiri, a ɗiga man riɗi, a kwaɓa nama da shi a bar shi ya sha.

Da muka dawo Zariya muka kama gida a Tudun Wada, ba nisa da kasuwa. Yara suka dame ni da kewar boga, burodin nan mai gasasshen nama a tsakiya, da suka saba ci a can, sai na fara yi musu 'yan ƙanana, loma biyu a gama. Naman sa nake saya, cinya da ɗan kitse, in tsaya a kan mai injin har ya niƙa sau ɗaya tak, don in ya maimaita naman yakan zama kamar danƙo. Burodin ni nake kwaɓawa, in mulmula kamar ƙwan agwagwa, in barbaɗa riɗi a kai. Kokwamba in yanka ta siri-siri, in jiƙa ta a ruwan khal mai tsami da sukari. Miyar da ake shafawa kuwa zuma ce da attaruhu da ruwan waken suyar, a dafa har ta yi kauri tana sheƙi. A jera su ɗaya kan ɗaya, a soke da tsinke.

Wadda nake kira Yaya 'yar wan mahaifina ce, ta girme ni da shekara goma sha ɗaya. A Hanwa take, kuma ta daɗe tana sana'ar abincin biki: shinkafa, farfesu, cincin, dambun nama. Ta zo mana yawon Sallah na ajiye mata faranti. Ta ci ɗaya, ta ci ta biyu, ta ɗaga ta uku tana juya ta a hannu.

Ta ce, "Ke kika yi wannan?"

Na ce ni ce.

"To akwai walimar suna mako mai zuwa. Ki yi mini ɗari biyu in gwada su."

Na ji daɗi ƙwarai, don tun ina yarinya nake son Yaya ta yaba mini wani abu. Ranar walimar tun bayan asuba nake tsaye. Da azahar na shirya su a manyan tire huɗu, na hau a-daidaita-sahu na kai gidan da ake taron. Na shiga ta ƙofar baya da atamfar aikina, jikina duk ƙaurin nama. Tiren ƙarshe na hannuna na iske mata sun kewaye Yaya a falo. Cikinsu akwai matar shugaban sashen da maigidana ke koyarwa, dattijuwa mai fara'a, wadda na taɓa gaisarwa sau ɗaya a filin jirgi. Ita ce ke tambaya, bakinta cike.

"Hajiya, a ina kika koyo wannan? Ban taɓa cin irinsa ba."

Yaya ta gyara mayafi ta ce, "Wani kwas ne na yi a Dubai. Sirrin yana wajen haɗa miyar."

Matar ta juyo ta gan ni, ta ƙura mini ido kamar tana tuna fuskata. "Wannan fa? Kamar na san ta."

"Yarinyata ce," in ji Yaya. "Tana taya ni 'yan aikace-aikace. Kin san malaman nan, albashin sai a hankali, to sai nake ɗan jan ta a jiki ta samu na sabulu. Ke, ajiye can, ki duba ko an wanke farantan."

Na ajiye tiren. Na je na duba farantan, an wanke su. Ban jira an ba ni abinci ba na fito, na taka da ƙafa har bakin titi. Da ƙaryar Dubai kaɗai ta yi, da na yi dariya na manta. Abin da ya tsaya mini shi ne maigidana, wanda ta tsiraita a gaban matar shugabansa don kawai ta rufe ƙaryarta.

Ban gaya masa ba. Ban kuma nuna wa Yaya komai ba. Wata takwas na ci gaba da yi mata boga, duk lokacin da ta kira in ce, "To, Yaya." Mahaifiyata har tana sa mini albarka wai na riƙe zumunci. Ni kuwa lura nake yi. Na lura Yaya ba ta taɓa tambayata yadda ake yi ba, ko sau ɗaya. Ba ta taɓa shigowa kicin ɗina ba, a ƙofar gida take tsayar da mota a loda mata. Ta yarda ƙwarai cewa kullum ina nan. Duk sanda nake mulmula nama ina tuna maganar sabulun nan, har sai na ga na matse naman ya fito ta tsakanin yatsuna.

Sai bikin 'yar autar shugaban sashen ya taso. An raba kati ga matan malamai, nawa ya zo ta hannun maigidana, aka ce kowa ta je Gyallesu ta karɓi anko. Na zaɓi lokacin da na san ba cinkoso, na je. Uwar amarya ta gane ni wannan karon, ta ɗan ji kunya, ta yi ta ja na da hira. Ta ce ai Hajiyata, wato Yaya, ta ba aikin abincin wunin mata, kuma bogar nan ce ta sa.

Na ce, "Mama, ai ba ki ci ta gaske ba tukuna. Wadda kika ci ta huce a hanya. A can waje, a gaban baƙi ake gasawa, daga kasko sai faranti. In mai ita ta tsaya da kanta tana juyawa, ƙamshin kaɗai ya ishi taro."

Idonta ya yi haske. "Hajiya za ta yarda kuwa?"

"Ki roƙe ta, Mama. Wanda ya yi kwas a kan abu ai yana son a ga hannunsa."

Kwana biyu bayan nan Yaya ta kira ni. Ta ce uwar amarya ta nace sai an gasa a wurin, har ta gaya wa ƙawayenta. Ta ce, "Ki kawo komai da komai. Zan tsaya a gaba in ɗan riƙe cokali, ke ki yi daga gefe."

Na ce, "Zan kawo komai, Yaya." Kuma ban yi mata ƙarya ba.

Ranar wunin, bayan azahar, na kai kayan harabar gidan, inda aka kafa rumfuna. Na jera su a teburin da aka ware: niƙaƙƙen nama ba a kwaɓa ba, citta da tafarnuwa a kwano, kwalbar ruwan waken suya, man riɗi, zuma, attaruhu, kokwamba ba a yanka ba, burodin da na gasa da safe. Na haɗa faffaɗan kaskon da tukunyar gas, na gwada wuta, na kashe. Daga nan na shiga ɗakin baƙi na cire kayan aiki, na sa ankona, na ɗaura kallabi, na fesa turare. Na fito na zauna a layi na biyu tsakanin matan malamai.

Bayan la'asar mai gabatarwa ta ɗauki makirufo ta sanar cewa yanzu Hajiya za ta nuna wa mata abin da ta koyo a Dubai. Aka tafa. Yaya ta fito cikin leshi ruwan zuma, ta isa teburin, ta duba hagu, ta duba dama. Sai ta hango ni. Ta yi mini alama da ido. Na ɗaga mata hannu ina murmushi, kamar yadda baƙuwa ke yi.

Ba ta da mafita, mata sun riga sun taso da wayoyi suna ɗauka. Ta buɗe kwalbar ruwan waken suyar ta tuttula rabi a cikin naman, abin da cokali huɗu ke isa. Ta ƙara gishiri a kai. Ta kunna wutar har ƙarshe, ta zuba man riɗi kamar za ta soya ƙosai. Man riɗi ba ya son wuta mai ƙarfi, nan take ya fara hayaƙi. Naman ya yi ruwa ya ƙi mulmuluwa, ta ɗora shi haka nan, ya watse a kaskon ya zama kamar dambu. Ta zuba zuma kai tsaye a kai, zumar ta ƙone ta yi baƙi. Hayaƙin ya shiga ƙarƙashin rumfa, wata tsohuwa ta fara tari. Gumi ya wanke hodar fuskar Yaya, awarwaronta na zinariya duk sun yi maiƙo.

Ina zaune ina shan zoɓo. Na sha jin mutane na cewa in sun rama abu sai tausayi ya kama su a tsakiya. Ni bai kama ni ba. Kowane minti na ji daɗinsa, kuma na bar shi ya yi tsawo.

Uwar amarya ta ɗanɗana ɗan abin da aka kwaso, ta nemi ruwa da sauri. Ta ce a hankali, "Hajiya, lafiya kuwa? Ba haka take ba."

Yaya ta ajiye cokali ta tako har inda nake. Ta sunkuyo. "Ki tashi, don girman Allah."

Na ce, "Ni baƙuwa ce yau, Yaya. Ga katina."

"Me kike so?"

"Ki gaya musu wa ke yi. Da bakinki, yadda za su ji."

Ta dube ni. Sannan ta miƙe ta juya wajen uwar amarya, ta ce, "Ƙanwata ce ke yin ta. Ita ta zauna a waje ta koyo. Ni kawowa kawai nake yi."

Ba ta ɗaga murya ba, amma layi uku sun ji, kuma a taron mata hakan ya wadatar. Na tashi na cire mayafi, na aika aka ɗauko kular da na ɓoye a ɗakin baƙi. Akwai naman da na kwaɓa tun safe a ciki, da miya, da kokwambar da ta jiƙu, don ban yi niyyar ɓata wa amarya rana ba, ita ba ta yi mini komai ba. Na kankare kaskon, na rage wuta, na fara jerawa. Kafin magariba ba ko ɗaya da ta rage. Yaya kuwa ta ce kanta na ciwo, ta bar 'yan aikinta su ƙarasa rabon shinkafa.

Labarin ya riga ni isa gida. Maigidana ya saurare ni har ƙarshe, har da maganar sabulun da na ɓoye masa, sai ya ce da na gaya masa tun farko da ya ce in daina yi mata kawai. Na ce shi ya sa ban gaya masa ba. Mahaifiyata ta kira ni washegari ta yi mini faɗa sosai, ta ce na kunyata babba a bainar jama'a, ta umarce ni in je Hanwa in ba da haƙuri. Na je, saboda ita. Na durƙusa na ce, "Yaya, Inna ta ce in ba ki haƙuri." Ta gane yadda na tsara maganar. Ta ce ta ji, ko ruwa ba ta sa an kawo mini ba.

Yanzu shekara uku ke nan. In mun haɗu a taron dangi mukan gaisa a tsaye, ta tambayi yara, in tambayi jikoki. Watan jiya babbar 'yarta ta kira ni a ɓoye, wai ɗanta zai yi saukar karatu, tana son guda ɗari da hamsin, amma kada mamanta ta sani. Na tambaye ta a ina za a yi walimar. Ta ce a gidan mamanta. Na ce ta bar mini, ni zan kawo da kaina.